Mu riƙa zuba masa maganin a abinci ba da saninsa ba?

Wasiƙar da ta iso:

"Assalamu alaikum. Ƙanina ne, shekararsa 28. Sau biyu ana kwantar da shi a asibitin ƙwaƙwalwa. In ciwon ya tashi sai ya daina barci, ya yi ta magana ba ƙaƙƙautawa, ya rabar da duk abin da ya mallaka, daga baya kuma ya kulle kansa a ɗaki, ko gaisuwa ba ya amsawa. Likita ya ce baifola ce. Ya sha magani ya samu sauƙi har ya koma bakin aikinsa. Yau wata huɗu ke nan da ya ajiye maganin. Ya ce yana sa shi rawar hannu da ƙiba, yana kashe masa jiki da zuciya, wai in ya sha ba shi ba ne. Ya kuma yi karance-karance, yana cewa ai babu gwajin jinin da ya nuna yana da ciwo, likitoci suna kawai suke laƙaba wa mutum in halinsa ya bambanta da na jama'a. Zuwa yanzu bai taɓa kowa ba, yana zuwa aiki, amma barcinsa ya fara raguwa. Mama ta ce in riƙa daka ƙwayar ina zuba masa a abinci, tunda daga hannuna kaɗai yake karɓar abu bai yi tambaya ba. Babban yayanmu kuma ya ce a kama shi a ɗaure a kai asibiti tun abu bai lalace ba. Ni ma ina da nawa: maganganun da ya gaya mini a tashin ciwon baya har yau suna ci mini rai, na rasa shi ne ya faɗa ko ciwon. Me ya kamata in yi?"

Amsa:

Wa alaikumus salam, 'yar'uwa. Allah ya ba shi lafiya, ku kuma ya ba ku ladan jinya.

Kada ki zuba masa maganin nan a abinci. Na san ba mugunta ce ta sa Mama ta kawo shawarar ba. Uwar da ta ga ɗanta sau biyu a wancan hali, duk dabarar da ta faɗo mata kamawa za ta yi. Amma wannan dabarar tana iya cutar da jikinsa, kuma za ta cinye abin da ya fi komai tsada a gidanku yanzu, wato yardar da ya yi da ke.

Magungunan baifola ba irin waɗanda ake cewa in ba su yi amfani ba, ba za su yi illa ba ne. Ɗauki litiyam, wanda aka daɗe ana dogaro da shi tun da likita John Cade na Ostireliya ya gwada shi a kan masu wannan ciwo a 1949. Tazarar da ke tsakanin adadin da ke warkarwa da adadin da ke zama guba ƙanƙanuwa ce ƙwarai, shi ya sa ake ɗibar jinin mai shan sa lokaci-lokaci, ana kuma duba ƙodarsa da tayirod ɗinsa, wato wata 'yar gaɓa da ke gaban wuya. Gudawa, amai, ƙarancin ruwa a jiki, ko shan maganin ciwon jiki irin su ibufurofen, duk suna iya sa shi ya taru a jini. Wanda bai san yana shan magani ba, ta yaya zai kiyaye waɗannan? Ranar da ya ci rabin abinci, rabin magani ya sha. Ranar da ya ci a waje, bai sha ba. In ya yanke jiki ya faɗi aka kai shi asibiti, aka tambaye shi ko yana kan wani magani, zai ce a'a, da gaskiyarsa, likita kuma da wannan amsar zai yi aiki. Bayan haka, wanda ya yi wata huɗu bai sha ba, ba a mayar da shi kan tsohon adadinsa kai tsaye, sai likita ya sake aunawa. Wasu ƙwayoyin ma an yi su ne don su riƙa narkewa a hankali, in aka daka su sai ƙarfinsu ya sauko wa jiki lokaci guda.

To amma ko da babu ɗaya daga cikin waɗannan, da ba zan goya miki baya ba. Ki sake duba dalilin da ya sa ke aka zaɓa: daga hannunki kaɗai yake karɓa bai yi tambaya ba. Amanar da ke tsakaninku ce za a yi amfani da ita a yaudare shi. Kuma ramin ƙarya ƙurarre ne. Wata rana zai ji ɗaci a harshensa, ko ya ga farin gari ya kwanta a gindin kofi, ko hannunsa ya soma wannan rawar da ya sani sarai, shi da ya san rabonsa da ƙwaya watanni. Zai ajiye kofin ya ɗago ya dube ki. Ba shi da buƙatar ya tambayi kowa, ya san wanda ya miƙo masa. Ki tuna kuma, in wannan ciwo ya yi ƙamari yakan zo da zargi, mutum ya riƙa ganin an haɗa masa baki, ana sa masa abu a abinci. A da, in ya faɗi haka, kuna iya rantse masa cewa ciwo ne ke nuna masa. Daga ranar da ya kama ki, zarginsa ya zama gaskiya. Da bakin wa za a ƙara lallashinsa? Yana iya daina cin abincin gidan gaba ɗaya, yana iya barin gidan, a daidai lokacin da kuka fi buƙatar idonku yana kansa.

Gaskiya ne a wasu asibitoci da gidajen kula da tsofaffi akan ɓoye magani a abinci, musamman ga masu ciwon mantuwar da ya yi nisa. Amma inda ake bin ƙa'ida, sai an tabbatar mutum ba zai iya fahimtar zancen maganin ba ko kaɗan, sai likita da mai harhaɗa magani da dangi sun zauna, an rubuta, ana kuma sake dubawa. Saurayin da yake tashi ya tafi aiki, yake zayyana miki dalilansa ɗaya bayan ɗaya, ba ya cikin wannan sahu.

Sai maganarsa cewa likitoci suna suke laƙaba wa mutane. Kada ki ce masa ciwon ne ke magana. Ba shi ya fara faɗin haka ba, kuma tarihin wannan fanni yana ɗauke da abin kunyar da ya isa ya sa mai hankali ya yi ɗari-ɗari. A 1851 wani likita a kudancin Amurka, Samuel Cartwright, ya rubuta cewa gudun da bayi baƙar fata suke yi daga iyayen gijinsu ciwon ƙwaƙwalwa ne, har ya raɗa masa suna, ya sa bulala cikin rigakafinsa. A 1949 an ba Egas Moniz na Fotugal kyautar Nobel saboda tiyatar da ake yanke jijiyoyin gaban ƙwaƙwalwa. An yi wa dubun dubatar mutane ita, da yawa sun fito shiru, ba sa damun kowa, amma ba su ƙara zama mutanen da iyalansu suka sani ba. A Tarayyar Sobiyet an riƙa rubuta wa masu sukar gwamnati takardar taɓin hankali, ana kulle su ana yi musu allurai, har ƙungiyar likitocin ƙwaƙwalwar ƙasar ta fice daga ta duniya a 1983 kafin a kai ga korarta. Daga cikin likitocin ƙwaƙwalwar kansu aka samu Thomas Szasz, wanda ya fito a 1961 ya ce abin da ake kira ciwon hankali matsalolin rayuwa ne aka sa wa rigar likitanci, tsare mutum a asibiti ba da sonsa ba kuma ɗauri ne aka canza wa suna.

Duk wannan ya faru, kuma ya bar mana tambayar da ya kamata a riƙa yi duk sa'ad da aka kira wani hali ciwo: wa abin yake cutarwa, kuma da ma'aunin wa aka auna? Bawan da ya gudu lafiyarsa lau, ubangidansa ne ya yi asara. Mai sukar gwamnati, gwamnatin ce ba ta barci saboda shi. To ƙaninki fa? Wa ya wayi gari babu ko ɗaya daga abin da ya tara da guminsa? Wa ya kwana makonni a ɗaki, gaisuwa ma ta gagare shi? Shi da kansa, da ya dawo hayyacinsa, da wane ido ya kalli abin da ya faru? A nan nake rabuwa da Szasz. Akwai halin da ke ƙwace wa mutum abin da shi kansa yake so ya riƙe, ko da babu mahalukin da ya tsangwame shi, kuma ce wa mai irin wannan hali matsalar rayuwa ce kawai, barin sa ne shi kaɗai da kayan da suka fi ƙarfinsa.

Zancen gwajin jini kuwa, ya yi gaskiya, babu. Ciwon ɓarin kai ma babu gwajin jinin da ke tabbatar da shi, da alamomi da yadda yake maimaituwa ake gane shi, ba wanda kuma ya ce wa mai shi ƙarya yake. Wannan hawa da sauka da kika siffanta, likitocin Faransa biyu, Falret da Baillarger, sun siffanta shi tun 1854. Yana bin jini a dangi, ana samun sa a ko'ina a duniya, Hukumar Lafiya ta Duniya ta ƙiyasta mutum miliyan 40 ke ɗauke da shi a 2019. Haɗarin mai shi ya kashe kansa ya ninka na sauran jama'a sau da yawa, kuma litiyam na cikin 'yan magungunan da aka ga suna rage wannan haɗari. Saboda haka tsoron da Mama take ji yana kan hanya.

Maganar da ta fi tsaya mini a rai cikin wasiƙarki ita ce, "in na sha ba ni ba ne." Abu biyu ne a cikinta. Na farko illar magani ce tsagwaronta, kuma gaskiya yake faɗa. Ki kwatanta saurayi mai shekara 28 a wurin aiki, ya riƙe kofi da hannu biyu don kada abokan aiki su ga yana rawa, aka miƙo masa takarda ya sa hannu yana jira a kau da kai. Ƙibar ma ba zancen kwalliya ba ce kawai, tana jawo ciwon suga da na zuciya. Masu ciwon hankali mai tsanani suna riga sauran mutane mutuwa da shekara 10 zuwa 20, galibi kuma cututtukan jiki ne ke kashe su. Kukan nasa na kai wa likita ne, kuma yawancinsa yana da gyara: a rage adadi, a sauya lokacin sha, a canza magani, a ba shi abin da ke lafar da rawar hannu. Mutane da dama da ake cewa sun ƙi magani, wani magani guda suka ƙi, a wani adadi guda, ba wanda kuma ya zauna ya tambaye su.

Na biyun ya fi wuya. A farkon tashin wannan ciwo mutum yakan ji daɗin kansa: kai a buɗe, jiki da ƙarfi, magana na zuwa, ba gajiya. Wanda ya ɗanɗani haka, in ya dawo daidai sai ya ga kamar an rage masa wuta. To wane ne shi na ainihi? Dangi sukan zaɓi mai shiru, don shi ya fi sauƙin zama da shi. Marar lafiya yakan zaɓi mai tashen. Ni a ganina wanda ya cancanci ya yanke wannan hukunci shi ne ƙaninki a lokacin da yake tsaka-tsaki, yana iya waiwayar tashin da faɗuwar duka biyu, yana tuna daɗin yana kuma tuna abin da ya biya. Ku kuma akwai tambayar da ya kamata ku yi wa kanku tsakani da Allah: lafiyarsa muke nema ko shirunsa? In magani ya kawo wa gida kwanciyar hankali, shi kuma ya bar shi ba ya jin daɗi ba ya jin zafi, ku ya yi wa aiki, kuma sai an sake lale.

Yanzu shawarar yayanku. Masanin falsafa ɗan Ingila John Stuart Mill, wanda ya yi suna wajen kare 'yancin mutum a kan rayuwarsa, ya kawo wani misali a 1859. Ya ce in ka ga mutum zai hau gadar da aka tabbatar ta lalace, babu kuma lokacin yi masa gargaɗi, kana iya cafke shi ka janyo shi baya, ba ka tauye masa komai ba, domin ba faɗawa ruwa yake so ba. Amma in haɗari ne kawai ake jin tsoro, ba tabbas ba, to gargaɗi ne naka, hukunci nasa, sai fa in yaro ne, ko yana cikin magagi ko wani halin da ya hana shi cikakken amfani da tunaninsa. Duk rigimar gidanku a kan wannan togaciyar take: shin yau ƙaninki yana iya amfani da tunaninsa a kan zancen magani?

Akwai yadda ake auna wannan. Dokar Ingila da Wales ta 2005 kan ikon yanke wa kai shawara ta tsara shi dalla-dalla: mutum yana fahimtar bayanin da aka yi masa? Yana iya riƙe shi? Yana iya auna amfani da illa? Yana iya faɗin abin da ya zaɓa? Ta ce a ɗauka kowane baligi yana da wannan iko har sai an tabbatar ba shi da shi, ta kuma ce yanke shawarar da wasu suke ganin wauta ce ba hujja ba ce ta rashin ikon. Ana auna shi ne a kan magana guda, a lokaci guda. Mutum yana iya rasa shi a watan da ciwo ya tashi, ya dawo masa bayan an sallame shi. Sunan ciwon da ke cikin katin asibitinsa bai ƙwace masa bakin magana har abada ba.

Za a ce miki ai ƙin shan maganin shi ne alamar ciwon. Wani lokaci haka ne. Ƙwaƙwalwa tana iya rasa ganin larurarta, tun 1914 likita Babinski ya bayyana masu shanyewar ɓarin jiki da suke rantsuwa lafiyarsu ƙalau. Amma in duk "a'a" da ya ce za a lissafa ta cikin ciwo, duk "to" kuma cikin lafiya, an toshe masa kowace hanyar da zai taɓa ƙin wani abu ke nan, kuma babu mutumin da zai yarda a yi masa haka. Dalilansa za ki saurara. "Hannuna yana rawa, na yi ƙiba, ba na jin kaina" dalilin mai aunawa ne, ko da awon nasa ya karkace. "Ni ba na buƙatar barci, an aiko ni in gyara duniya" wani abu ne daban.

Duniya ma ba ta gama wannan muhawara ba. Yarjejeniyar Majalisar Ɗinkin Duniya ta 2006 kan haƙƙin masu naƙasa ta tsaya kan cewa a taimaka wa mutum ya yanke shawararsa, a 2014 kuma kwamitin da ke sa ido a kanta ya ce a daina yanke wa mutum shawara a madadinsa gaba ɗaya. Likitoci da dama sun ƙi, suna cewa hakan zai bar mutum ya halaka a cikin halin da ba zai taɓa zaɓa ba da yana hayyacinsa. Ni ina ganin tilas tana da wuri, amma ɗan ƙarami. In ya soma zancen kashe kansa ko yana yi muku maganganu irin na ban kwana, in ya yi wa wani barazana, in ya kwana biyu ko uku bai rintsa ba, in ya daina ci da sha, in yana tuƙin ganganci ko jin muryoyin da ba kowa ke ji ba, to ranar nan za ku nemi asibiti, ko yana so ko ba ya so. Ma'aikatan lafiya za su yi aikin, bisa dokar ƙasar da kuke zaune, na ɗan lokacin da haɗarin zai wuce. A gaya masa gaskiyar inda za a kai shi da dalili, wani nasa ya zauna kusa da shi. Tilas ɗin da aka yi a fili, mutum yana iya ƙalubalantarta, yana iya yin fushi da ita, daga baya ma yana iya yafe ta. Wadda aka yi a ɓoye ba ta bar masa ko ɗaya daga cikin waɗannan ba.

Igiya da sarƙa da duka kuwa, ki ce wa yayanku babu su, ko a ranar da abu ya fi muni. Tun 1797 Jean-Baptiste Pussin, mai kula da sashen masu taɓin hankali a asibitin Bicêtre na Paris, ya kwance wa marasa lafiyarsa sarƙoƙi. Abin takaici, a 2020 ƙungiyar Human Rights Watch ta samu ana ci gaba da ɗaure irin waɗannan bayin Allah a ƙasashe 60. Kada ɗan'uwanku ya shiga wannan lissafi. A yadda kika ba da labari ma, bai kai matakin tilas ba. Raguwar barcin ce abin dubawa, don ita ce alamar da ta fi yawan riga tashin ciwon zuwa.

Ba a fafe gora ranar tafiya, saboda haka aikin na yanzu ne, tun yana jin magana. Wani masanin halayyar ɗan'adam a Amurka, Xavier Amador, ya shafe shekaru yana gardama da ɗan'uwansa mai ciwon hankali kan ya yarda ba shi da lafiya, abin da gardamar ta haifar kawai shi ne nisa. Daga baya ya koma koya wa iyalai su ajiye gardamar, su saurara, su nemi abin da suka haɗu a kai. Ki samu lokacin da kuke ku biyu, ki ce masa: "Ɗan'uwana, ban zo in ce kana da ciwo ko ba ka da shi ba. Gaya mini abin da maganin nan ya yi maka tun daga farko, ba zan katse ka ba." Ki cika alkawarin, ko da ya faɗi abin da ba ki yarda da shi ba. In ya gama, ki tambaye shi abin da ya fi tsoro. Da wuya ya wuce biyu: a mayar da shi asibiti, ko ya rasa aikinsa. Sai ki ce, "Ni ma shi nake tsoro. Me za mu yi kada a kai can?" Ba sai ya amsa sunan baifola ba kafin ya yarda cewa barci yana da muhimmanci, ko ya yarda ku je wurin likita tare, ke ce ma za ki fara kai ƙarar maganin a madadinsa.

In ya saki jiki, ku rubuta yarjejeniya da hannunsa: alamomin da shi ya san suna riga ciwon zuwa, wanda ya yarda ya gaya masa in an gan su, maganin da ya yarda da shi da wanda ba ya so a ƙara ba shi, asibitin da ya fi so, wanda zai riƙe masa katin banki da makullin mota in abu ya tashi. Wasu ƙasashe sun ba irin wannan takarda ƙarfin doka, Indiya ta yi haka a dokarta ta 2017. Ko inda doka ba ta san da ita ba tana da amfani, don ranar da za ku tsaya masa, maganarsa ce ta lokacin da yake cikin natsuwa za ku riƙe, ya kuma san haka.

Na bar naki a ƙarshe ba don ya fi ƙanƙanta ba. Hadisi ya zo cewa an ɗauke alƙalami daga mutum uku: mai barci har ya farka, yaro har ya balaga, da wanda hankalinsa ya gushe har ya dawo. Dokokin ƙasashe da yawa ma suna ɗauke hukunci daga wanda ciwo ya hana shi sanin abin da yake aikatawa. Amma na san wannan bai cire miki zafin ba, domin maganganun da suka fi ciwo su ne waɗanda aka ƙera da abin da ku biyu kaɗai kuka sani, tsohon saɓani, ko wani rauninki da kika taɓa nuna masa. Shi ya sa kike cewa anya ba dama can abin yana ransa ba. Ki duba kanki, 'yar'uwa. Kowannenmu akwai tunanin da ke gilma masa game da waɗanda yake ƙauna, ya dube shi ya ga ba adalci ba ne, ya haɗiye. Wannan haɗiyewar tana cikin halin mutum, ita ce ma hukuncinsa na gaskiya. Abin da ciwon ya ɗauke masa a ranar ke nan. Shekarun da ya yi yana girmama ki da cikakken hankalinsa sun fi waccan ranar cancantar a kira su ra'ayinsa game da ke.

Duk da haka ba a ce ki binne abin ba. Masaniyar falsafa Hanna Pickard, wadda ta yi aiki da marasa lafiya a asibiti, ta raba tsakanin ɗora wa mutum laifi da ɗora masa alhaki. Ba za ki tuhume shi da abin da ya faɗa hankalinsa a gushe ba, amma kina da damar ki gaya masa, yanzu da yake lafiya, cewa kalaman sun ji miki ciwo, kuma shawarar da yake yankewa yau a kan magani ba a kansa kaɗai take sauka ba. Gaya masa haka girmamawa ce, kin ɗauke shi babban mutumin da ake iya gaya wa gaskiya. Kina kuma da damar ki ja iyaka, ki ce ba za ki biya bashin da aka ci a tashin ciwo ba, ba za ki zauna a zage ki ba, za ki fita ki kira taimako.

Ba zan ɓoye miki ba, yana iya jin duk wannan ya ce a'a, ciwon kuma ya dawo. Wannan hanyar tana da tsadarta, kuma ku ne za ku biya wani ɓangare. Ki gaya wa Mama da taushin murya cewa ba kin ƙi umarninta ba ne, kina tsoron abin da ƙwayar za ta yi masa ne ba tare da awon jini ba, kuma ki ba ta aikin da za ta iya, ta lura da barcinsa da cin abincinsa ba tare da tsangwama ba. Ke kuma ki nemi ganin likitansa a wannan makon. Likita ba zai buɗe miki sirrin marar lafiya ba sai da izininsa, amma babu abin da ya hana shi sauraron abin da kika gani. Ki sanar da ƙaninki za ki je, ki ce ya zo ku tafi in yana so. Kafin ranar, ki riƙa rubuta ƙarfe nawa ya kwanta, ƙarfe nawa ya tashi, da duk wani sauyi a maganarsa ko kashe kuɗinsa, ki tafi wa likitan da takardar.